Tarkon Akono da Ƙaddarar Kocin Gida a Kamaru

A majalisun masu tsire na unguwar Briqueterie, cibiyar Hausawa a Yawunde, in aka taɓo hirar ƙwallo sunayen Roger Milla da Samuel Eto'o ne ke fara fitowa. Ba kasafai ake ambaton Jean-Paul Akono ba, alhali shi ne kocin da ya kai matasan Kamaru ga lambar zinariya a gasar Olamfik ta Sidni a 2000.

Akono tsohon ɗan bayan Canon ta Yawunde ne, kuma da idon ɗan baya ya gina ƙungiyarsa. Dabararsa ita ce tarkon satar gida: 'yan baya su jeru a layi ɗaya, su matso har kusa da tsakiyar fili, da zarar abokin hamayya zai jefa ƙwallo gaba sai su yi sama tare, a bar ɗan wasan gabansa a baya, alƙalin gefe ya ɗaga tuta. Ba shi ya ƙirƙiro ta ba, AC Milan ta Arrigo Sacchi ta riga shi. Abin da ya ƙara shi ne taurin kai. A wasan kusa da na kusa da na ƙarshe da Brazil an kori 'yan wasansa biyu, Ronaldinho ya farke ƙwallon Patrick Mboma ana dab da tashi, amma da mutum tara Akono ya ƙi ja da baya. Brazil ta yi ta faɗawa tarko har Modeste M'bami ya zura ƙwallon da ta kashe wasan. A wasan ƙarshe, ranar 30 ga Satumba, Sifaniya ta tafi hutun rabin lokaci da ci 2, Kamaru ta rama, ta kuma yi nasara 5 da 3 a bugun fanareti. Mai tsaron ragar, Carlos Kameni, shekararsa 16.

Masu cewa caca ce suna da gaskiyarsu. Ɗan baya ɗaya ya yi nauyin ƙafa, ko alƙalin gefe ya kau da ido, shi ke nan an shiga uku. Sai dai irin wannan layi ba ya tsayuwa sai da horo mai tsawo da yarda da juna, abubuwa biyu da aka daɗe ana cewa kocin gida ba zai iya dasa su ba.

Nasarar ba ta canza wannan ra'ayi ba. Kofunan Afirka 5 da Kamaru ta ɗauka, daga 1984 zuwa 2017, duk a hannun kocin waje aka ɗauke su. An ba Akono babbar ƙungiya bayan Sidni, bai jima ba ya sauka. Aka sake kiransa a 2012, zuwa 2013 ya tafi.

A ƙasa ma gadon bai samu wurin zama ba. Yaran Briqueterie a lungu da ƙananan filaye suke wasa, inda babu alƙalin gefe, saboda haka ba wanda ke busa satar gida. Kocin unguwa, wanda sau da yawa tela ne ko ɗan kasuwa da ke sayen ƙwallo da kuɗin aljihunsa, yanka da gudu zai iya koyarwa, ba tsayuwar layi ba. Masu shirya gasar hutun makaranta a unguwar, ku nemo cikakken fili da alƙalan gefe biyu, ko da daga wasan kusa da na ƙarshe ne.