Rahoton Lindbeck na 1993 da Makomar Tsarin Kula da Jin Daɗin Jama'a a Suwidin: Sharhi

1.0 Gabatarwa

Manufar wannan takarda ita ce a yi sharhi a kan wani rahoto da ya yi tasiri ƙwarai a siyasar ƙasar Suwidin, watau rahoton kwamitin Farfesa Assar Lindbeck, wanda ya fito a watan Maris na 1993. Sunansa da harshen ƙasar Nya villkor för ekonomi och politik, ma'ana sababbin sharuɗɗan tattalin arziki da siyasa. Dalilin zaɓen wannan rahoto kuwa shi ne, a cikinsa ne aka fi ganin aƙidar nan ta sakar wa kasuwa mara ta fito a tsare, aƙidar da ke cewa gwamnati ta janye hannunta, ta bar kasuwa da gasa su daidaita al'amura. Abin da za mu yi ƙoƙarin nunawa shi ne cewa cutar da ta kwantar da Suwidin daban, wadda rahoton ya fi ba da ƙarfi wajen yi wa magani daban.

2.0 Yadda Aka Faro

Tun 1928 shugaban Jam'iyyar Soshal Dimokurat, Per Albin Hansson, ya kwatanta ƙasar da yake buri da gida guda na jama'a, inda ba ɗan mowa ba ɗan bora. Jam'iyyar ta riƙe mulki daga 1932 zuwa 1976, ban da 'yan watanni a 1936. A cikin wannan lokaci aka kafa tsarin da ya sa sunan ƙasar ya yi nisa: haraji mai yawa, karatu kyauta, magani da ɗan kuɗi kaɗan, fansho ga kowa, da tallafi ga wanda ya rasa aiki.

Tun kafin 1990 iska ta fara juyawa. A 1978 ƙungiyar masu masana'antu ta kafa cibiyar Timbro domin yaɗa ra'ayin kasuwa. A 1982 Lindbeck kansa ya fice daga Jam'iyyar Soshal Dimokurat saboda shirin kafa asusun da zai ba ƙungiyoyin ƙwadago hannun jari a kamfanoni. Sa'an nan a watan Nuwamba na 1985, lokacin Kjell-Olof Feldt yana ministan kuɗi a gwamnatin Olof Palme, babban bankin ƙasar ya ɗage iyakar da aka ɗora wa bankuna wajen ba da rance. Ya kamata a lura a nan cewa gwamnatin 'yan ƙwadago ce ke kan mulki sa'ad da aka buɗe wannan ƙofa.

Bankuna suka yi ta zuba bashi, farashin gidaje da gine-gine ya yi ta hawa. Da ma dokar haraji ta yarda mai bashi ya cire kuɗin ruwa daga abin da za a yanka masa, ga kuma hauhawar farashi tana cinye bashin, saboda haka cin bashi ya zama riba. Da aka gyara dokar haraji a 1991, wannan rangwame ya ragu ainun, farashin gidaje ya faɗi, masu bashi suka kasa biya. Gwamnati ta karɓe bankunan Nordbanken da Gota don kada su durƙushe. A watan Satumba na 1992 babban banki ya kai kuɗin ruwa kashi 500 cikin 100 na 'yan kwanaki don kare darajar kuɗin ƙasar, watau kurona, amma a ranar 19 ga Nuwamba tilas ya sake ta. Rashin aikin yi, wanda bai kai kashi 2 cikin 100 ba a 1990, ya haura kashi 8 a 1993.

3.0 Abin da Rahoton Ya Ƙunsa

Ana cikin wannan hali ne gwamnatin Carl Bildt ta naɗa kwamitin a watan Disamba na 1992. Mutum bakwai ne, mafi yawansu masana tattalin arziki, kuma cikin wata uku suka kawo shawarwari 113. Jigon rahoton shi ne cewa matsalar ta daɗe tana ruruwa a ƙarƙashin ƙasa: gwamnati ta yi nauyi, tallafi ya yi yawa har yana rage ƙwazon aiki, gasa ta yi ƙaranci, 'yan siyasa kuma ba su iya tsuke bakin aljihu. Daga cikin shawarwarin akwai ba babban banki 'yancin kansa, da tsawaita wa'adin majalisa, da tsaurara hanyar yin kasafin kuɗi, da rage wasu tallafi, da shigar da gasa cikin ayyukan gwamnati.

Adalci ne a faɗi inda rahoton ya yi gaskiya. An sha karya darajar kurona tsakanin 1976 da 1982, na ƙarshen ma kashi 16 cikin 100 ne, kuma farashi ya yi ta tashi fiye da na ƙasashen da ake ciniki da su. Wa'adin majalisa ya koma shekara huɗu daga uku a 1994, an sa wa kashe kuɗin gwamnati iyaka daga 1997, babban banki ya sami 'yanci a 1999. Bashin gwamnati, wanda ya kai wajen kashi 70 cikin 100 na abin da ƙasa ke samarwa a shekara, ya sauko ƙasa da kashi 40. Wannan ba ƙaramin abu ba ne.

4.0 Inda Gizo Ke Saƙar

Suka ta farko ita ce ta sanadi. A ƙarshen shekarun 1980 kasafin kuɗin Suwidin rara yake yi, kusan kowa kuma yana da aiki, alhali tsarin tallafin nan yana nan daram. Giɓin da ya wuce kashi 10 cikin 100 a 1993 ya zo ne bayan bankuna sun tuntsure, haraji ya ragu, marasa aiki sun yi yawa. Rahoton bai ɓoye kurakuran da aka yi wajen sakin bankuna ba, amma nauyin shawarwarinsa ya faɗa ne a kan gwamnati da ma'aikata. Ashe ke nan an bar jaki ana dukan taiki.

Suka ta biyu ita ce ta hanya. Al'adar Suwidin ita ce a zaunar da jam'iyyu da ƙungiyoyin ƙwadago da masu masana'antu a kwamiti guda, a yi shekaru ana tattaunawa har a daidaita. Wannan kwamiti na masana ne zalla, kuma ya yi aikinsa cikin gaggawa, lokacin da tsoro ya cika zukata. Har ila yau, da yawa daga shawarwarin manufarsu ita ce a ɗauke hukunci daga hannun waɗanda aka zaɓa a miƙa shi ga ƙa'idoji da ƙwararru. Tambayar wa zai ɗauki asara, wa zai ci riba, tambaya ce ta siyasa, amma sai aka mai da ita tamkar lissafi.

Suka ta uku ita ce yardar da rahoton ya yi wa gasa ba tare da isasshen taka-tsantsan ba. A 1992, kafin fitowarsa, an riga an yi dokar da ta sa kuɗin gwamnati ke bin ɗalibi zuwa makarantar da iyayensa suka zaɓa, ko da ta kamfani ce mai neman riba. Daga baya irin wannan tsari ya shiga ɗakunan shan magani da gidajen kula da tsofaffi, a 2009 kuma aka ba 'yan kasuwa damar buɗe kantunan magani. Amma makaranta ba rumfar kasuwa ba ce. A 2013 kamfanin JB Education ya karye, ɗalibai fiye da 10,000 suka shiga zulumi, wasu sai da aka nema musu wasu makarantu. Ribar ta masu jari ce, ɗawainiyar kuwa ta koma kan ƙananan hukumomi.

5.0 Kammalawa

Daga abin da ya gabata za a ga cewa aƙidar kasuwa ba ta rushe gidan da Hansson ya kwatanta ba. Har yanzu haraji yana da yawa, karatun jami'a kyauta ne ga 'yan ƙasa. Abin da ya canza shi ne wanda ke riƙe da mabuɗan ɗakunan. Kuma manyan jam'iyyu na ɓangarorin biyu duk da hannunsu: gwamnatin Soshal Dimokurat ce ta soke harajin gado a ƙarshen 2004, ta Fredrik Reinfeldt kuma ta soke harajin dukiya a 2007. Ƙungiyar OECD ta nuna cewa tun tsakiyar shekarun 1980 Suwidin na cikin ƙasashen da tazarar mai kuɗi da talaka ta fi saurin ƙaruwa, ko da yake daga ƙasa ƙwarai ta faro.

Saboda haka, duk manazarcin da ya ci karo da rahoton da aka rubuta a tsakiyar rikici, ya kamata ya jera abubuwan da suka faru bisa shekarunsu tukuna, sa'an nan ya duba ko maganin da aka rubuta na ciwon da ya kawo majinyaci asibiti ne.