Ƙidayar Sama a Littafin Neugebauer

Littafin Otto Neugebauer mai suna The Exact Sciences in Antiquity, wanda aka yi wa bugu na biyu a 1957, ya tsaya ne a kan magana guda, watau ilmin taurari bai kafu ba sai da mutane suka iya lissafa abin da sama take maimaitawa. Hujjarsa mafi ƙarfi daga allunan yumɓu na Babila ta fito. Malaman can sun gane cewa wata 235 sun yi kusan daidai da shekara 19 ta rana, saboda haka sukan cusa wata 7 na ƙari cikin shekarun nan, don kada watanni su goce wa lokacin shuka da girbi. Ƙidayarsu ta sittin-sittin kuwa ita ce har yau take raba sa'a minti 60. A nan babu mai ja da shi.

Amma fa littafin yana da giɓi. Marubucin ya tsare kansa ga abin da aka rubuta da alƙaluman lissafi, alhali manomi da makiyayi sun riga marubuta duban sama. Shaidarsu tana cikin harshe. Bahaushe yakan kira abin da ke haskaka dare da kwanakin da yake aunawa da suna ɗaya, wata. Haka Baturke yake yi da ay, Bafarishe da mah. Lalle wanda ya raɗa irin wannan suna ya daɗe yana ƙirga tsayuwar jinjirin wata. Mai karatu zai sami gwanintar lissafi a littafin nan, amma tarihin awon lokaci ba zai cika ba sai an tambayi kalmomi su ma.