Sun Ƙwace Masa Baki, Suka Bar Mu da Hannunsa

Mai son kai a cikin dangi da bakinsa yake kare kansa. Ka tare shi, ya jero maka uzuri har kai mai gaskiya ka fara jin kunya. Shi ya sa nake ganin finafinan shekarun 1920, waɗanda ba su da sauti, sun fi na yau iya tona masa asiri.

A 1920 kamfanin Fox na Amurka ya fitar da Over the Hill to the Poorhouse, inda Mary Carr ta fito a matsayin uwa mai 'ya'ya shida. Ɗanta John, wanda dangi suka ɗauka lalatacce, yana aiko da kuɗin kula da ita ta hannun ɗan'uwansa Isaac, mai yawan nuna tsoron Allah. Isaac ya riƙa zuba su a aljihu. Tsohuwa ta yi ta yawo gidajen 'ya'yanta, kowa na gajiya da ita, har ta ƙare a gidan gajiyayyu, a durƙushe tana goge daɓe. Durƙuson nan yana taɓa zuciya, sai dai fim ɗin ya yi wa mai kallo sauƙi. Mugu daban, nagari daban, kowa ya tashi yana ganin shi ne John.

Greed na Erich von Stroheim, na 1924, bai bar wa kowa wannan mafakar ba. Trina ta ci dala 5,000 a caca, kuma ba muguwa ba ce da fari. Ɗan'uwanta Marcus, wanda ya janye daga neman aurenta ya bar abokinsa McTeague ya aure ta, sai ya ga ai kuɗin haƙƙinsa ne aka cinye. Ya kai tsegumin cewa McTeague na aikin haƙori ba lasisi, sana'a ta rushe. Gida ya shiga yunwa, amma Trina ta gwammace ta sayo naman da ya fara wari da ta taɓa dukiyarta. Sai ta keɓe tana goge tsabar zinariyarta ɗaya bayan ɗaya, yatsunta na rawa. Stroheim ya sa an shafa wa zinariyar launin rawaya a cikin fim mai baƙi da fari. Ƙarshenta mijin ne ya kashe ta.

Kamfanin MGM ya datse fim ɗin daga kusan awa tara zuwa awa biyu da 'yan mintoci, duk da haka bai rage zafi ba. Masu shirya fim na yau, ku nemi Greed ku kalla kafin ku sake ba azzalumin gida dogon jawabi.