Fana'i: Mene Ne Ke Ƙarewa?

Idan mutum ya rasu, mai wa'azi yakan ce ya bar darul fana'i ya koma darul baƙa'i, kowa kuma ya gane nufinsa: mamacin ya bar gidan da ke ƙarewa ya tafi wanda ba ya ƙarewa. A nan babu mai gardama. Amma idan aka shiga zawiya aka ji an ce wane ya yi fana'i, to wanda ake magana a kansa yana nan da ransa, gobe ma za a same shi a rumfarsa yana ciniki. Wani abu ya ƙare a cikinsa alhali shi bai mutu ba. Fiye da shekara dubu ke nan malamai suna kai da komo a kan mene ne wannan abin, kuma yawancin rigimar da ake yi da kalmar a ƙasar Hausa ta samo asali ne daga tsallake wannan tambaya.

Tushen kalmar Larabci ne, ma'anarta gushewa ko ƙarewa. A Suratur Rahman, aya ta 26 da ta 27, an haɗa ta da kishiyarta: abin da ke bayan ƙasa mai gushewa ne, Ubangiji ne mai wanzuwa. Daga nan sufaye suka ɗauko kalmomin biyu a tare, fana'i da baƙa'i, kuma tun farko ba su raba su ba. Wanda aka fi jingina wa fara amfani da su a matsayin kalmomin fanni shi ne Abu Sa'id al-Kharraz na Bagadaza, wanda ya rasu wajen shekarar 899. Junaidu, wanda ya rasu a 910, shi ya yi musu shinge. A wurinsa bawa yakan shagala da Ubangijinsa har ya daina ganin kansa, sannan a mayar da shi cikin hayyacinsa, ya koma cikin mutane da hankalinsa cikakke, sai dai son zuciyarsa ba ya jan ragamarsa kamar da. Shagalar farko sukan kira ta maye, dawowar kuma wartsakewa. Junaidu ya fifita wartsakewa.

Ƙushairi, a Risalarsa da ya rubuta wajen 1045, ya fara bayanin ne daga ƙasa, daga inda kowa zai iya taɓawa. Fana'i a matakin farko shi ne faɗuwar munanan ɗabi'u, baƙa'i kuma tsayuwar kyawawa a gurbinsu. Wanda hassadarsa ta gushe, son alheri ga mutane ya maye gurbinta, ya sami rabonsa na kalmar ko da bai taɓa faɗuwa a da'irar zikiri ba. Wannan ɓangaren ne aka fi mantawa da shi, domin babu abin kallo a cikinsa. Daga nan ne Ƙushairi ya hau zuwa gushewar ji da gani, ya kafa hujja da matan nan na Suratu Yusuf da suka yanke hannayensu ba su sani ba lokacin da suka ga Annabi Yusufu. Hannayen suna nan, wuƙaƙen suna nan, jini ya zuba. Abin da ya ɓace shi ne lurarsu da kansu. Idan kyawun abin halitta ya iya yin haka, ba abin mamaki ba ne a sami zuciyar da girman Mahalicci ya rufe mata komai. Malaman zaure sukan ƙara da misalin taurari da rana: da hantsi ba ka ganin tauraro ko ɗaya, amma babu wanda ya faɗo daga sama.

Ya kamata a tsaya a bambanta fana'i da maƙwabtansa, domin a bakin jama'a sun cakuɗe. Suma daban take. Mai suma jikinsa ne ya kasa, kuma yunwa ko zafin rana na iya jawo ta. Shauƙi ɗoki ne da begen zuciya, wanda kan sa mutum kuka ko rangaji idan sha'iri ya ɗauko yabon Manzo, kuma mai shauƙi yana sane da kansa sarai, shi ya sa ma yake jin zafin begen. Jazabu fizga ce daga wajen Ubangiji ba tare da bawa ya yi tattaki ba, majazubi kuwa shi ne wanda aka fizga, wani ya dawo wani bai dawo ba. Littattafan fannin sun yi ittifaƙi cewa majazubin da bai dawo ba ana kyautata masa zato, amma ba a koyi da shi, ba a kuma karɓar tarbiyya a hannunsa. Hawan bori kuwa wani gida ne daban: a can ana da'awar wani ne ya shigo ya hau mutum yana magana da bakinsa, a nan kuwa babu mai shigowa. Akwai kuma kalmar hali, wadda ke rikita almajiri Bahaushe. Mu mun saba da cewa hali zanen dutse ne, abin da ba ya kankaruwa. A wurin sufaye hali shi ne abin da ke sauko wa zuciya ya wuce kamar walƙiya, ba da aikin bawa ba, muƙami kuma shi ne wanda ake kaiwa da ƙoƙari a zauna a cikinsa. Saboda haka idan an ce hali ya kama wane a wajen zikiri, ana nufin baƙo ne ya ziyarce shi, kuma baƙo ba ya zama hujjar cewa mutum ya isa.

Matsala ta taso ne daga abin da wasu ke furtawa a cikin wannan maye. An ruwaito daga Abu Yazid al-Bisɗami kalamai da zahirinsu ke nuna bawa yana magana da harshen Ubangiji, irin waɗanda ake kira shaɗahat. Hallaju ya yi irin nasa a bainar jama'a, aka kashe shi a Bagadaza a 922, kodayake siyasar fadar halifa tana da hannu a shari'ar tasa. Gazali, wanda ya rasu a 1111, ya yi bayani a Mishkatul Anwar cewa irin waɗannan mutane idan mayen ya sake su hankali ya dawo, sukan gane cewa abin da suka ji ya yi kama da haɗuwa ne kawai, bawa bai zama Ubangiji ba. Ya kuma ce irin wannan magana ɓoye ta ake yi, ba a yawo da ita.

Abin da ya fi ba ni sha'awa a tarihin kalmar shi ne cewa rabe-raben da ya fi kowanne fitar da ita fili ya fito ne daga alƙalamin Ibn Taimiyya, mutumin da yawancin masu sukan ɗariƙu ke jingina da shi. Ya rasu a 1328, kuma a littafinsa Al-Ubudiyya ya kasa fana'i gida uku. Akwai gushewar nufin wanin Allah, wato bawa ya daina so ko tsoro ko dogaro da kowa sai Shi. Wannan ya ce shi ne na annabawa da cikakkun waliyyai. Akwai gushewar ganin wanin Allah, inda ambato ke rinjayar zuciya har mutum ya manta da kansa da abin da ke kewaye da shi. Wannan bai ƙaryata aukuwarsa ba, ya ambaci Abu Yazid da Nuri da Shibli cikin waɗanda ya faru gare su, ya ɗauke shi rauni ne na zuciyar da abin ya fi ƙarfinta, yana kuma yi wa mai shi uzuri idan hankalinsa ya gushe ba ta hanyar haram ba. Malaman wannan layi sukan kwatanta Annabi Musa da ya faɗi sumamme a gaban dutse da Manzon Allah da ya ga abin da ya gani a daren Mi'iraji idonsa bai karkata ba, su ce na biyun ne cikar. Sai na uku, wanda ya yaƙa da dukan ƙarfinsa: da'awar cewa babu wani samamme sam sai Allah, har bawa da Ubangiji su zama abu guda. Almajirinsa Ibnul Ƙayyim ya faɗaɗa wannan a Madarijus Salikin, sharhin da ya yi wa littafin wani sufi, Al-Harawi. Duk wanda ya ajiye bayanin Junaidu kusa da na Ibn Taimiyya zai ga tazarar da ke tsakaninsu ba ta kai wadda ke tsakanin mabiyansu na yau ba. Dukansu sun yarda abin yana faruwa, dukansu sun ce wanda ya dawo da hankalinsa ya fi wanda ya nutse, dukansu sun ƙi a shafe iyakar da ke tsakanin Mahalicci da abin halitta.

A ƙasar Hausa kalmar ta daɗe a cikin littattafai kafin ta fito titi. Shehu Usmanu Ɗanfodiyo Baƙadire ne, ya kuma ba da labarin buɗin da aka yi masa da kansa, amma a Ihya'us Sunna ya ware babi ga ihsani yana tace sunna daga bidi'a a cikin tasawwufi kamar yadda ya yi wa salla da azumi. Hikam ta Ibn Aɗa'illah da Ihya ta Gazali suna hannun manyan malamai, ba a kuma buɗe wa almajiri su sai ya ƙoshi da fiƙihu. Har hadisin da sufaye suka fi kafa hujja da shi a wannan babi, wanda ke bayanin bawan da ke kusantar Allah da nafiloli har Allah ya so shi ya kiyaye jinsa da ganinsa, yana cikin Arba'una Hadisan, na 38, kowane ɗan makarantar Islamiyya ya haddace shi. Sai dai sharhinsa mai zurfi na 'yan kaɗan ne.

Failar Shehu Ibrahim Inyass ce ta sauya wannan. An haife shi a Senegal a 1900, ya bayyana faila a 1929, ya kuma rubuta Kashiful Ilbas a farkon shekarun 1930 yana kare cewa ƙofar tarbiyya ba ta rufe ba. Bayan haɗuwarsa da Sarkin Kano Abdullahi Bayero a aikin hajjin 1937, da kuma karɓar da malaman Salga irin su Malam Tijjani Usman Zangon Barebari da Malam Abubakar Atiku Sanka suka yi masa, hanyar Kaulaha, garin Shehun, ta buɗe wa Kanawa, daga nan faila ta bazu har Zinder da Kumasi. Sabon abin da faila ta zo da shi shi ne cewa ma'arifa ba ta tsofaffin malamai kaɗai ba ce. Ɗan kasuwa da tela da matar aure da saurayi duk suna iya karɓar tarbiyya a hannun muƙaddami, a ba su zikirai na musamman su lazimta, shehu yana bibiyar halinsu da tambayoyi har a kai ga fana'i, sannan a fito da su mataki-mataki. Kalmomin da a da sai a zauren manya ake jin su, wusuli da fatahu da arifi, suka zama na yau da kullum a unguwanni.

Ina ganin wannan buɗi alheri ne babba, kuma yana da farashi. Alherinsa shi ne dubban talakawa sun ji cewa sanin Allah abu ne da ake ɗanɗana, ba ƙidayar sifofi kaɗai ba. Farashinsa kuwa shi ne kalma mai nauyi ta faɗa hannun wanda bai karanta Ahalari ba. Shehu Ibrahim da kansa ya ga haka. A wasiƙunsa da Shehu Ahmad Abul Fathi na Maiduguri ya tattara a Jawahirur Rasa'il akwai gargaɗi mai zafi ga muridan da ke sakaci da shari'a ko suke fallasa abin da ya kamata su riƙe a zuci. Duk da haka an sami waɗanda jama'a ke kira 'yan haƙiƙa, masu ɗaukar abin da aka gani a cikin maye su mayar da shi aƙida da ake shela a lasifika, har su ce an ɗauke musu salla, ko su ɗora wa shehu sifar da ta Allah ce kaɗai. Manyan shehunan Tijjaniyya sun sha barranta da su a fili. Abin da 'yan haƙiƙa ke yi shi ne ainihin zamewa daga kashi na biyu na Ibn Taimiyya zuwa na uku, kuma ba a yin ta da hujjar littafin kowane shehu da ake ji da shi.

A ɗaya gefen, tun bayan fitowar Al-Aƙidatus Sahiha ta Shehu Abubakar Gumi a 1972 da kafa Izala a Jos a 1978, an sami matasa da yawa da suka tashi suna jin kalmar fana'i a matsayin sunan kafirci kawai. Sun ga ɓarnar 'yan haƙiƙa da idonsu, don haka ƙyamarsu tana da dalili. Amma sun yar da kashi na farko tare da na uku, alhali na farkon shi ne zuciyar tauhidin da suke karantarwa, kuma Ibn Taimiyya, limamin da suke ji da shi, shi ne ya kira shi da wannan suna. Yana da ciwo a ga ɗalibi ya haddace rabe-raben tauhidi amma ba a taɓa gaya masa cewa akwai matakin da tsoron talauci da kwaɗayin yabon mutane ke mutuwa a zuciya ba, balle a nuna masa hanyar zuwa can.

Sannan ga wani amfani da kalmar da ke yaɗuwa, inda ake cewa wane ya yi fana'i a son wance, ko a son wani ɗan siyasa. Harshe yana da 'yancin aron kalma, kuma wannan aron bai kauce wa asali sosai ba, tunda su kansu sufaye da misalin masoya suka yi bayani. Illarsa ɗaya ce: yana ƙarfafa zaton cewa fana'i zafin so ne kawai, ya bar baƙa'i a baya. Ba a jin kowa yana cewa wane ya yi baƙa'i, alhali a wurin masu fannin nan ne tafiyar ta dosa.

Kalabazi ya kawo labari a littafinsa At-Ta'arruf cewa an je an gaya wa Junaidu wai Nuri ya yi kwana da kwanaki a tsaye a masallaci, ba ci ba sha, yana ta ambaton sunan Allah, amma yana yin salloli a kan lokacinsu. Wani a wurin ya ce ai ke nan yana cikin hayyacinsa, tunda yana lura da lokaci. Junaidu ya ce a'a, masu irin wannan hali ana tsare su ne a gaban Ubangijinsu, a mayar da su ga farilla idan lokacinta ya yi. A fahimtarsa kiyaye salla ba ya rage zurfin fana'i, shi ne ma shaidar cewa daga Allah abin yake. Muƙaddamin da ke ba da tarbiyya a Kano ko Gusau ko Maraɗi yana da wannan ma'auni a hannunsa, kuma ba ya buƙatar kashafi kafin ya yi aiki da shi: zai iya tambayar liman ko muridin yana zuwa Asuba, ya tambayi iyalinsa ko yana sauke haƙƙinsu, ya tambayi abokan cinikinsa yadda mudunsa yake.