Asiya Dagir: Sharhi a kan Aikin Furodusa a Finafinan Masar

Duk lokacin da ake maganar fim ɗin Al-Nasir Salahuddin na shekarar 1963, sunan daraktansa, Yusuf Shahin, shi ake fara ambata. Ba kasafai ake tuna wadda ta ɗauki nauyin aikin ba, wato Asiya Dagir, 'yar asalin Lebanon da ta zauna a Masar, ta kafa kamfanin Lotus Film, ta kuma fitar da fim ɗinta na farko, Gadat al-Sahra, a 1929.

A farkon lamari ita ke fitowa a finafinan da take shiryawa, amma bajintarta ba a gaban kyamara take ba. Gwaninta ce da ita ta gane mai basira tun bai yi suna ba. A ƙarƙashin kamfaninta Henri Barakat ya fara aikin darakta a 1942, daga baya ya zama ɗaya daga cikin manya.

Inda ya kamata ɗalibi ya tsaya ya yi nazari shi ne manyan finafinanta biyu na zamanin Jamal Abdul Nasir. Rudda Ƙalbi (1957), wanda aka ɗauko daga littafin Yusuf al-Siba'i, labari ne na ɗan mai kula da lambu da ya kamu da son 'yar yarima. Bambancin asali ya raba su, juyin juya halin 1952 ya haɗa su. Fim ɗin ya burge ido, sai dai warwarar ta zo da sauƙi fiye da kima, kamar dai hawan soja mulki ya isa ya share gibin da ke tsakanin talaka da basarake.

A Salahuddin kuwa abin ya fi fitowa fili. An mayar da Bakurde jagoran haɗin kan Larabawa, ba tare da an taɓo asalinsa ba. An kuma mayar da Isa al-Awwam, wanda tarihi ya nuna Musulmi ne, Kirista Balarabe, domin isar da saƙon cewa ƙasa ta kowa ce. Niyyar tana da kyau, amma tarihi ne ya biya kuɗin. Ita ma Asiya ta biya nata, domin fim ɗin ya lashe dukiyarta, kuma ba ta sake yin aiki mai girmansa ba har ta rasu a Alƙahira a 1986.