Taken ƙasa da waƙar taro: abin lura daga Magariya da Dungas

0. Gabatarwa

A watan Yuni na 2023 majalisar dokokin Nijar ta amince da sabon taken ƙasa, L'Honneur de la Patrie, a madadin La Nigérienne wanda aka yi amfani da shi tun 1961. Muhawarar da ta kai ga wannan canji, wadda gwamnati ta buɗe a 2019, ta tsaya ne kan kalmomi, musamman baitin da ake ganin yana nuna godiya ga Faransa saboda ƴancin kai. A cikin wannan maƙala muna so mu nuna cewa an bar wata tambaya a baya: wace irin murya ce jama'a ke ɗauka tata idan ta taru tana waƙa? Mun zaɓi gundumomin Magariya da Dungas na jihar Damagaram domin a can ne tazarar da ke tsakanin taken hukuma da waƙar jama'a ta fi fitowa fili.

1. Misalin Amurka

Tarihin Amurka na taimaka mana wajen tsara tambayar. A Sabuwar Ingila, tun wajen 1720, an riƙa buɗe makarantun koyon rera waƙoƙin coci. Daga cikinsu William Billings (1746-1800) ya fito, wani majemi na birnin Boston, wanda ya buga littafinsa na farko a 1770. Waƙarsa mai suna Chester an gina ta bisa tsarin waƙar ibada mai muryoyi huɗu, kuma ta zama ɗaya daga cikin waƙoƙin yaƙin neman ƴanci. Jama'a ba su koyi sabon salo domin kishin ƙasa ba. Salon da suka saba da shi ranar Lahadi suka ɗora wa sabuwar magana. Shi kuwa taken hukuma, wanda Francis Scott Key ya rubuta a 1814, karinsa na wata ƙungiyar mawaƙa ce ta Landan, kuma sai a 1931 doka ta tabbatar da shi. Ke nan waƙar da jama'a suka riƙa da wadda hukuma ta zaɓa hanya biyu ce, ko da sun haɗu daga baya.

2. Take a bakin iyaka

Magariya na maƙwabtaka da ƙasar Daura da Ɓaɓura, Dungas kuwa, wadda ta zama gunduma a 2011, na kallon Maigatari. Iyakar da Faransa da Ingila suka shata tsakanin 1898 da 1908 ta raba dangi da kasuwanni, amma harshe ɗaya ne a ɓangarorin biyu. A 1960 ɗan makarantar Maigatari ya samu take cikin Ingilishi, wanda Baturiya Lillian Jean Williams ta rubuta. A 1961 ɗan lakwal na Dungas ya samu nasa cikin Faransanci, rubutun Maurice Albert Thiriet, kiɗan Robert Jacquet da Nicolas Frionnet. Yara biyu masu kaka ɗaya, kowane na rantsuwa da ƙasarsa cikin harshen da uwarsa ba ta ji.

Akwai aibi biyu a La Nigérienne da muhawarar 2019 ba ta taɓa sosai ba. Na farko, waƙar ta buɗe da kogin Kwara, alhali daga Yamai zuwa Zinder kusan kilomita 900 ne. Ƙasar gyaɗa da gero da rijiyoyi ba ta ga kanta a ciki ba. Na biyu, gininta na kiɗan sojan Turai ne: kowa ya tashi tare, ya bi ƙaho, ya sauka tare. Babu mai bayarwa, babu masu karɓa.

3. Waƙar taro ta addini

Waƙar taro a ƙasar Hausa kuwa bayarwa da amshi ne ƙashin bayanta. Haka gaɗar ƴan mata take a dandali, haka makaɗan fada irin su Ma'azu Ɗan Alalo na Damagaram suke da ƴan amshinsu, haka kuma zikirin Tijjaniyya da Ƙadiriyya.

A nan Ishiriniya ta isa a tsaya a kanta. Alfazazi, mutumin Andalus da ya rasu a 1230, shi ya tsara ta cikin Larabci mai tsauri, Ibn Mahib ya yi mata tahamisi. Mafi yawan masu rera ta a daren Mauludi ba za su iya fassara baitocinta ba, amma ba wanda ke jin ta baƙuwa ce. Dalili shi ne ta samu abu uku: kari na gida, lokaci sananne a shekara, da zaure inda babba ke bai wa yaro baki da baki. Wannan ya rushe ra'ayin da ke cewa harshe kaɗai ne matsalar take.

Misali na biyu ya zo ta ɗaya gefen. Mishan na SIM, wanda ya shiga Zinder a 1924 kuma ya yi tasha a Dungas, ya kawo waƙoƙin ibada da aka fassara zuwa Hausa bisa karin Turai. Kalmomin Hausa ne, amma karin na yawan take hawa da saukar murya da tsawon wasali, waɗanda su ke bambanta ma'ana a harshen. Waƙoƙin ƙungiyoyin zumuntar mata, masu amshi da kiɗan gida, sun fi kama bakin jama'ar coci. Larabci da karin gida ya zauna. Hausa da karin waje ta yi tangal-tangal.

4. Samariya

Gwamnatin Seyni Kountché, bayan juyin mulkin Afrilu 1974, ta gane wannan. Ta farfaɗo da samariya, ta kafa bikin matasa na ƙasa wanda aka fara a Zinder a 1976. Ana gasa daga ƙauye zuwa gunduma zuwa jiha, kuma waƙoƙin haɗin kai, noma, dashen itace da yaƙi da jahilci sun fito cikin harsunan ƙasa, da zabiya da ƴan amshi. Muryar Sahel ta yaɗa su. A ganinmu waɗannan ne waƙoƙin kishin ƙasa na haƙiƙa a yankunan karkara.

Sai dai bai kamata ɗoki ya rufe mana ido ba. Hukuma ce ke ba da jigo, ita ke naɗa alƙalan gasa, don haka yabon ƙasa kan zarce zuwa yabon mai mulki, bisa tsarin waƙar fada. Chester ta fito daga ƙasa ta hau sama. Waƙar samariya an yi odarta daga sama aka cika ta da muryar ƙasa. Shi ya sa da tsarin ya raunana bayan Taron Ƙasa na 1991, waƙoƙin suka rasa mai riƙe su, alhali Ishiriniya na nan daram.

5. Kammalawa

Taken 2023 ya gyara kalmomi amma an tsara shi cikin Faransanci. Kundin da aka ƙaddamar a Maris 2025 ya ba Hausa matsayin harshen ƙasa, kuma tambayar fassara za ta taso. Abin da muka gani a sama na gargaɗin cewa fassara bisa karin da ba na harshen ba maimaita kuskuren littafin waƙoƙin mishan ce. Aikin da ke gabanmu biyu ne: a bi kasakasan gidan rediyo da na IRSH da CELHTO a tantance waƙoƙin samariyar wannan yanki, sa'an nan ɗalibanmu su je Wacha, Bande, Gushi da Malawa su ɗauki muryoyin zabiyoyin 1976 zuwa 1987 tun suna raye. Da wannan ne za a iya kwatanta kari da kari, a san wanda jama'a ke karɓa ba tare da an ce su karɓa ba.