Wa'adi da Korar Ƙara: Tsokaci kan Hausar Rahoton Shari'a

1.0 Gabatarwa

Wannan maƙala ta dubi yadda Hausar kafofin labarai ke bayyana ƙarar da lokaci ya kashe. An ɗauki misali daga shari'ar zaɓen gwamnan Jihar Borno na 2011, tare da la'akari da mai sauraro irin na unguwar Gwange a Maiduguri, wanda da Hausa yake jin labarin kotu.

2.0 Abin da Doka ta Tanada

Sashe na 285 na Tsarin Mulkin 1999, bayan gyaran 2010, ya ba mai ƙorafin zaɓe kwana 21 daga bayyana sakamako ya shigar da ƙara. Ya ba kotun zaɓe kwana 180 ta yanke hukunci, kotun ɗaukaka ƙara kuwa kwana 60. Dalilin gyaran a fili yake: zaɓen Anambra na 2003 sai a 2006 aka gama shari'arsa, na Ekiti da Osun na 2007 kuwa sai a 2010.

3.0 Shari'ar Borno

Alhaji Muhammadu Goni na PDP, gwamnan Borno daga 1979 zuwa 1983, ya ƙalubalanci nasarar Kashim Shettima na ANPP. Ana cikin jayayya kan ƙa'idojin saurare, kwana 180 suka ƙare. Kotun Ɗaukaka Ƙara ta umarci a sake shari'ar, amma a Fabrairun 2012 Kotun Ƙoli ta soke umarnin. Mai Shari'a Walter Onnoghen ya kwatanta wa'adin da dutsen Jibralta, wanda ba ya gusawa. Ke nan ba a kai ga auna hujjojin mai ƙara ba.

4.0 Tarke

A nan ne Hausar rahoto ke gazawa. Jimloli irin su "kotu ta kori ƙara" da "kotu ta yi watsi da ƙara" sun haɗe abubuwa biyu mabambanta: ƙarar da aka saurara aka same ta ba hujja, da wadda aka rufe domin an makara. Mutumin Gwange da ya ji an kori ƙara zai ɗauka alƙali ya bincika ya ga mai ƙara ba shi da gaskiya, alhali lissafin kwanaki kawai aka yi. Illar ba ta tsaya ga 'yan siyasa ba, domin ɗaukaka ƙara a shari'ar gado ko ta fili ma tana da wa'adinta, ko da yake a can kotu na iya ƙara lokaci in an kawo uzuri karɓaɓɓe. Wanda bai san haka ba sai ya tsaya neman sulhu har lokaci ya ƙure masa.

Abin lura shi ne Hausa ba ta rasa kalmar da ta dace ba. Bahaushe kan ce "wa'adi ya cika" game da mutuwa, wato lokacin da ba a jinkirta shi, kuma cikarsa ba ta nuna laifin mamaci. Wannan ita ce ainihin ma'anar hukuncin 2012.

5.0 Kammalawa

Ya kamata masu fassara su keɓe "ƙara ta faɗi" ga wadda aka saurara, su riƙa cewa "wa'adin ƙara ya cika" ga wadda lokaci ya kashe. Da haka mai sauraro zai san inda aka rasa hujja, da inda aka rasa kwanaki.